Mutumin da muke kira Shinuwa, da maigidan da na bari

 Yau ba farashin gero na kawo muku ba, ba kuma zancen taki ko lalacewar hanya ba. Labarin wani ɗan wasan fim ne na ƙasar Japan, wanda ya rasu tun ina ɗan shekara bakwai. Na san wani zai ce, to mu ina ruwanmu? Ku yi mini haƙurin da kuka saba yi mini da safe. Akwai inda zancen zai ɓulla.

Wajen shekara ta 2000, kawuna ƙanen mahaifiyata yana da gidan bidiyo a unguwarmu. Rumfa ce ta zana da kwano, benci shida, tele ɗaya bisa wani dogon tebur, sai ɗan injin wuta a baya saboda ranar da kuran ya ɗauke. Dala biyar ne kuɗin shiga. Ni ba na biya, don ni ne mai mayar da kaset baya, ni ne mai goge na'ura in hoto ya fara rawa, ni ne mai riƙe waya da hannu in ta ƙi zama. Fina-finanmu kashi uku ne: Indiya, kaboyi, sai Shinuwa. Duk wanda ya fito daga gabashin Asiya, a wurinmu Shinuwa ne. Bruce Lee Shinuwa, Jackie Chan Shinuwa, Jet Li Shinuwa. Ba mu san da wani bambanci ba, ba mu kuma nema ba.

Akwai wani kaset da ya rikita mana lissafi, sunansa Soleil Rouge. Kaboyi ne, ga Charles Bronson ga Alain Delon, ga dawaki ga jirgin ƙasa. Amma a tsakiyarsu akwai wani mutum mai ɗaurin gashi a ka, da takubba biyu a ƙugu. Ɓarayi sun tare jirgin da jakadan Japan yake ciki, sun sace takobin da ya ɗauko kyauta zuwa ga shugaban Amurka, aka ba mutumin nan kwana bakwai ya dawo da takobin ko ya kashe kansa. Ba ya tsalle-tsalle kamar Jackie Chan. Ba ya ihu. Tsayawa yake yi kawai, amma in ya tsaya sai rumfar nan ta yi tsit, har masu gyaɗa su daina talla. Kawu yakan ce: “Ku dubi wanga Shinuwa, ko magana bai yi ba ya cinye Bronson.” Mun kalli kaset ɗin nan har ya tsinke, na liƙe shi da salatif, muka ci gaba.

Sai da na shiga lise na san sunansa. Mushenmu na Faransanci ya zo wata Asabar da faifai, ya ce duk mai so ya tsaya. Muka tsaya mu goma sha wani abu. Fim ne baƙi da fari, awa uku da kusan rabi, Les Sept Samouraïs. Rabin ƴan ajin sun sulale kafin a kai tsakiya. Ni kuwa tun da wani mahaukaci ya bayyana da wani dogon takobi a kafaɗa, yana dariya yana sosa jiki, na ce na san fuskar nan. Mushe ya ce sunansa Toshiro Mifune, kuma ba ɗan Sin ba ne, ɗan Japan ne. A ranar na fara jin muryarsa ta gaskiya. Ashe wadda na sani a rumfar kawu ta wani Bafaranshe ce da aka ɗora masa. Tasa kuwa kamar ta fito daga ƙasan rijiya. Ban san kalma ɗaya ta Japananci ba, amma sai na daina karanta fassarar da ke ƙasan tele ina sauraro. Ina jin tun ranar nan aikin murya ya shiga raina.

Abin dariya, mu da muke ce masa Shinuwa ba mu yi kuskure duka ba. A ƙasar Sin aka haife shi, a birnin Qingdao, ranar 1 ga Afrilu 1920, ya kuma girma a birnin Dalian inda mahaifinsa yake da shagon ɗaukar hoto. Iyayensa ƴan Japan ne da zama ya kai su can. A shagon uban ya koyi sana'ar hoto, kuma da aka ɗauke shi soja yana ɗan shekara ashirin, sashen ɗaukar hoto daga jirgin sama aka kai shi. Yaƙin duniya na biyu ya ƙare a 1945, Japan ta sha kashi, Tokyo ta zama toka. Mifune ya fito ba gida, ba aiki. A 1946 ya nemi aiki a kamfanin fim na Toho, kuma abin da yake so shi ne ya zama mataimakin mai ɗaukar hoto. Sai takardarsa ta faɗa cikin gasar neman sababbin ƴan wasa. A gaban alƙalai ya yi ta huci kamar dabbar da aka rufe a keji, da yawansu suka ga rashin ladabi ne. Wani matashin darakta mai suna Akira Kurosawa yana kallo, shi kuwa ya ga abin da yake nema. Ya tsaya masa har aka ɗauke shi.

Ku riƙe wannan wurin, don a nan labarina ya fara shiga cikin nasa.

Bayan na ci bak a 2010 na yi shekara guda ina zaman fada, shayi da safe shayi da dare. A 2011 na ji wani gidan rediyo yana neman yaro mai kula da na'urori. Na ce wannan kam aikina ne, tun ina ɗan shekara goma nake fama da wayoyi. Aka ɗauke ni. Ban taɓa mafarkin zama gaban mikro ba. Wata safiya mai karanta sanarwa bai zo ba, ga takardun rasuwa da na ɗaurin aure sun taru, ga lokaci ya yi. Mai tsara shirye-shiryen gidan, dattijo ne da ya girme ni da shekara ashirin da ɗoriya, ya leƙo ta gilashi ya ce: “Kai yaro, ka iya karatu?” Na ce na iya. Ya ce: “To shigo.” Na karanta ina rawar jiki, na haɗa sunan mamaci da na ango. Da na fito ina jiran faɗa, sai ya ce: “Karatunka banza ne, amma kana da murya. Gobe ka zo ƙarfe biyar.” Ba zan faɗi sunansa ba, ba zan faɗi gidan ba. Maigida nake ce masa, haka zan kira shi a nan.

Mu koma Japan. Fim ɗin Mifune na farko ya fito a 1947. A 1948 ya yi na farko ƙarƙashin Kurosawa, L'Ange ivre, inda ya fito a ɗan daba mai tarin fuka, wani likita mashayi yana ƙoƙarin ceto shi. Daga nan har 1965 suka yi fim goma sha shida tare. A 1950 suka yi Rashomon. An kashe wani mutum a daji, an ci zarafin matarsa, sai mutum huɗu suka ba da labarin abin da ya faru: ɗan fashin, matar, mamacin ta bakin mai bori, da mai saran itacen da ya gani. Kowa da nasa labarin, kowa ya gyara wurin da zai fito da mutunci. Mifune ne ɗan fashin. Fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Venise a 1951, kuma shi ne ya sa duniya ta waiwayi sinimar Japan, shekara shida kacal bayan yaƙi. Duk ɗan jaridar da ya taɓa zuwa ƙauye ɗaukar rahoton rikicin manomi da makiyayi ya san Rashomon ko bai taɓa kallonsa ba.

Les Sept Samouraïs ya fito a 1954. Ƙauye ne na manoma da ƴan fashi ke jira su yi girbi su zo su kwashe. Manoman suka shiga gari neman mayaƙan da za su kare su, ba su da abin biya sai shinkafar ci. Suka samu shida, na bakwai ya bi su da kansa. Shi ne Kikuchiyo, wanda Mifune ya fito a matsayinsa: yana cika baki shi jinin mayaƙa ne, alhali ɗan manoma ne maraya. Akwai wurin da sauran mayaƙan suka gano manoman sun taɓa kashe mayaƙa suna ɓoye kayan yaƙinsu, ransu ya ɓaci. Kikuchiyo ya tashi yana zagin manoma, maƙaryata ne, matsorata ne, masu ɓoye hatsi ne, sai kuma ya juya kan mayaƙan ya tambaye su wa ya mayar da su haka, in ba masu ƙone musu gari da kwashe musu amfani ba. Ya ƙare yana kuka. Lokacin da na gan shi a lise, wasa ne mai kyau kawai. Da na sake kallonsa bayan na zauna da mutanen ƙauyukan kudancin Maraɗi da suka bar gonakinsu saboda ƴan bindiga, kasa ƙarasawa na yi a zama ɗaya.

Kuma kada ku ce ba ku san aikin mutanen nan ba. Amurkawa sun ɗauki labarin suka mayar da shi kaboyi a 1960, Les Sept Mercenaires, har Bronson yana ciki. Sholay na 1975, wanda babu gidan bidiyon da bai cinye kaset ɗinsa ba, da Amitabh da Dharmendra da Gabbar Singh, jijiyarsa daga can ta taso: ƙauye na fama da ƴan fashi, an ɗauko baƙi su kare shi. Yojimbo na 1961, inda Mifune ya shiga garin da ƙungiyoyin ƴan daba biyu suka raba ya haɗa su faɗa, shi ne Sergio Leone ya kwaikwaya a 1964 ya yi Pour une poignée de dollars da Clint Eastwood, har maganar ta kai ga shari'a. Wato kaboyin da muke tafa wa a rumfar kawu, tafiyar Shinuwanmu ya ara.

Akwai wani wuri guda da ya fi tsaya mini. A 1957 suka yi Le Château de l'araignée, labarin Macbeth na Shakespeare da aka mayar Japan. A ƙarshen fim ɗin sojojin sarkin yaƙi suka juya masa baya suna yi masa ruwan kibau. Kiban da suke cakewa a katako kusa da jikin Mifune na gaske ne, ƙwararrun maharba ne suke harbawa. Tsoron da ke fuskarsa ba wasa ba ne. Ka tsaya a gaban kibiya saboda wani mutum ya ce maka ka tsaya, ba za ta same ka ba. Wannan ita ce irin yardar da ke tsakaninsu.

Ni ma na san ɗan abin da ya yi kama da haka. Shekara takwas muka yi da Maigida muna shirin safe. Shi ne mai zaɓen magana, shi ne mai rubuta tambayoyi, shi ne mai sanin wane hakimi za a kira da wane za a bari ya huce. Ni ne baki. Yana bayan gilashi, in ya ɗaga yatsa ɗaya na rage gudu, in ya dunƙule hannu na katse mai magana. Akwai ranar da muka taɓa wata magana mai zafi a kan rabon abincin agaji, waya ta yi ta ƙara, cikina ya ɗuri ruwa. Ya rubuta a takarda ya manna a gilashi: ci gaba, ina nan. Na ci gaba. Shi aka kira buro washegari, ba ni ba. A kasuwa kuwa ni ake ganewa. In na ce a ba ni tumatir na dala ashirin, mai tumatir ya ɗago kai ya ce, ai kai ne na rediyo. Maigida yana tsaye kusa da ni, ba wanda ya san shi. Yau da gobe sai na fara jin shirin nawa ne.

Mifune ma bai tsaya a inuwar Kurosawa kaɗai ba. Ya yi aiki sosai da darakta Hiroshi Inagaki, wanda ya fito da shi a matsayin shahararren mai takobi Musashi Miyamoto a fina-finai uku tsakanin 1954 da 1956. A 1961 ya tafi Mekziko ya fito a matsayin talakan ƙauye ɗan asalin ƙasar a fim ɗin Ánimas Trujano. Bai iya Sifaniyanci ba, sai ya haddace maganganunsa duka da ka, duk da daga baya muryar wani aka ɗora. A farkon shekarun 1960 ya kafa kamfaninsa na kansa, Mifune Productions. Daga ranar nan ya zama mai ma'aikata, masu jiran albashi ƙarshen wata.

A 1963 suka yi Entre le ciel et l'enfer: attajirin kamfanin takalma da aka zo sace ɗansa, aka yi kuskure aka sace ɗan direbansa, kuma aka ce duk da haka shi zai biya kuɗin fansa, kuɗin da in ya bayar ya karye. Sai na ƙarshe, Barberousse, labarin likita mai jan gemu da ke kula da talakawa. Kurosawa mutum ne da ba ya gaggawa. Aikin fim ɗin ya ci kusan shekara biyu, kuma dole Mifune ya riƙe gemunsa na gaske duk tsawon lokacin, abin da ya hana shi karɓar wasu ayyukan, ga kamfani yana cin kuɗi. Fim ɗin ya fito a 1965. Mifune ya ci kyautar gwarzon ɗan wasa a Venise, karo na biyu bayan wadda ya ci da Yojimbo. Daga nan ba su sake yin fim tare ba. Mifune yana da shekara arba'in da biyar. Sun rayu fiye da shekara talatin bayan haka, a gari ɗaya, a sana'a ɗaya.

Nawa gemun ya zo a 2019. An yi wata uku ba albashi. Matata tana da tsohon ciki, mai gidan haya ya fara gaishe ni da sanyi-sanyi. Wani gidan ya kira ni, kuɗin da suka faɗa ya ninka nawa har biyu da ɗori. Na gaya wa Maigida. Ya ce in dakata mu ƙare jerin shirin da muka fara kan ƙauyuka a damina, saura wata biyu. Na ce ciki ba ya jiran damina. Ya ce: “Yaro, ni na yi ka.” Kalmar nan ita ta ƙone ni. Ban amsa ba. Washegari na ajiye takarda bisa teburinsa tun kafin ya zo, na tafi. Ranar sunan ɗiyata bai zo ba. Ni ma da aka yi auren ɗansa ban je ba. In muka hango juna a jana'iza, kowa ya nemi sahun da ɗayan ba ya ciki. Shekara biyar.

Duk wanda ya tambaye ni, labari ɗaya nake ba shi: ya riƙe ni kamar yaron shago, shekara takwas bai taɓa nema mini ƙari ba, da na samu hanya kuma ya yi baƙin ciki. Na faɗa har na haddace. Ba ƙarya a ciki. Irin gaskiyar ɗan fashin Rashomon ce.

Me ya samu mutanen biyu bayan rabuwa? Mifune ya zama fuskar Japan a duniya. Grand Prix a 1966, Duel dans le Pacifique a 1968 shi da Lee Marvin su biyu kaɗai a tsibiri, Soleil Rouge namu a 1971, Midway a 1976, har Steven Spielberg ya sa shi a fim a 1979. A gida kuma ya koma talabijin, yana fitowa a dogayen shirye-shiryen masu takobi da kamfaninsa ke yi mako-mako a shekarun 1970, don da su ake biyan ma'aikata. A 1980 ya fito a matsayin sarkin yaƙi Toranaga a shirin Shogun na talabijin ɗin Amurka, tare da Richard Chamberlain, miliyoyin mutanen da ba su taɓa jin sunan Kurosawa ba suka san shi. Ya yi fim sama da 150 a rayuwarsa. Amma tambayi duk mai son sinima ya lissafa maka biyar mafi kyau, zai wuya ya fita daga cikin goma sha shidan nan.

Kurosawa kuwa ya sha wuya. Fim ɗinsa na 1970 bai yi kasuwa ba, kamfanoni suka ja baya, a ƙarshen 1971 har ya yi yunƙurin kashe kansa, Allah ya yi da sauran kwana. Sai Tarayyar Sobiyet ce ta ba shi aiki, ya yi Dersou Ouzala a 1975 ya ci Oscar. Ya dawo da Kagemusha a 1980 ya ci babbar kyautar Cannes, ya yi Ran a 1985. Manyan fina-finai ne, da manyan ƴan wasa. Ni dai duk lokacin da na kalle su sai in ga wurin da mutum ɗaya ya kamata ya tsaya. Kowannensu ya nuna zai iya rayuwa ba ɗayan. Sun nuna ɗin. Mifune ya tsufa, mantuwa ta kama shi, ya yi fim ɗinsa na ƙarshe a 1995, ya rasu ranar 24 ga Disamba 1997 yana da shekara 77. Kurosawa ya bi shi ranar 6 ga Satumba 1998. Wata tara bai cika ba tsakaninsu.

A 2024 aka sake yin Shogun, Hiroyuki Sanada ya hau matsayin Toranaga, shirin ya kwashi kyautar Emmy goma sha takwas. Na tarar da samarin fadarmu sun haɗa kai kan waya ɗaya suna kallo, ɗaya yana cewa wanga Shinuwa ya iya sarauta. Na yi dariya, na zauna ina ba su labarin wanda ya fara hawa kujerar. Ina cikin bayanin gemu da rabuwa da wata tara, sai wani yaro ya ce: “To su ba su da manya ne da za su sasanta su?” Na buɗe baki in amsa, na rasa abin faɗa. A makon nan ne kuma na ji Maigida ya samu shanyewar ɓarin jiki.

Na yi kwana huɗu ina kai gwauro ina kai mari. Ranar Alhamis bayan la'asar na sayi lemu da kankana na hau babur. Hajiya ce ta amsa sallama. Ta dube ni ta ce: “Ɗana, sai yau?” Na durƙusa na gaishe ta, na kasa ɗaga kai. Kafin ta kai ni ɗakinsa ta tsayar da ni a zaure ta ce akwai abin da take so in sani, ko shi bai so ba. Jika talatin-talatin da aka riƙa ba ni a watannin nan uku ana cewa bashi ne daga gidan rediyo, ba daga gidan rediyo suka fito ba. Babur ɗinsa ya sayar. Na tuna lokacin ya fara zuwa aiki a kabu-kabu, ya ce mana likita ne ya hana shi tuƙi.

Na shiga da nufin in faɗi ƙasa in nemi gafara. Yana kwance, ya rame, bakinsa ya ɗan karkace, magana tana fita ɗaya-ɗaya. Na ce: “Maigida, sannu da jiki. Ka yafe mini.” Ya ɗaga hannunsa mai lafiya, irin ɗagawar bayan gilashi, na yi shiru. Ya ce shi ma yana da nasa. A 2017 takarda ta zo daga Yamai, ana neman matashin mai gabatarwa guda a tura shi horo na wata shida, sunana aka rubuta. Ya sa ta a aljihun tebur bai nuna mini ba. Ya ce ya san in na tafi ba zan dawo ba, shirin kuma zai mutu. Ya ce: “Na ce don kai na yi. Don kaina na yi.”

Jama'a, ban san abin da zan yi da maganganun nan biyu ba a lokacin, har yanzu ma ban gama sani ba. Mutumin da ya sayar da babur ɗinsa don matata ta ci abinci, shi ne ya rufe mini ƙofar da wataƙila da yanzu ina wani wuri. Na shigo da labari ɗaya, Hajiya ta rushe shi a zaure, na gina sabo kafin in kai ɗaki, shi kuma ya rushe wannan. Raina ya ɓaci, ba zan ɓoye muku ba. Na zauna ina ɓare lemu don in samu abin yi da hannuna. Da na miƙa masa ya karɓa. Muka yi shiru har aka kira magariba.

Ban ce muku mun koma kamar da ba. Ba zai sake zama bayan gilashi ba, ni ma ba zan koma gidan can ba. Abin da ya wuce na shekara biyar ya wuce, ɗiyata ta shiga lakwal ba ta san shi ba sai bana. Amma duk Alhamis ina zuwa. Wani zuwan mu yi hira, wani zuwan mu yi gardama, wani zuwan yana barci in gaida Hajiya in juyo. Na kai masa Les Sept Samouraïs a waya, ya kalla cikin kwana uku. Ya ce tsohon nan mai aske kai, shugaban mayaƙan, shi ne ɗan wasa, naka mahaukacin hayaniya ce kawai. Takashi Shimura yake nufi. Na ce Maigida ai dole ka faɗi haka. Ya yi dariya da rabin baki.

Hausawa sun ce hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Mun iya faɗar karin maganar, abin da ba mu iya ba shi ne gane ɗaya hannun lokacin da jinka take sama ana tafa mana. A sana'armu ta rediyo, da ta masu waƙa, da ta ƴan wasan kwaikwayo, har da masu ɗinki da makanikai, kusan kowa yana da wanda ya ce masa shigo, gobe ka zo ƙarfe biyar. Da yawanmu mun rabu da su ba daɗi, kuma wani lokaci da dalilinmu mai ƙarfi. Ban ce kowa ya koma ya durƙusa ba, don akwai maigidan da barinsa shi ne alheri. Abin da na ce, ka je ka ji nasa labarin tun yana iya faɗa. Wataƙila ya fi naka muni, wataƙila ya fi naka kyau. Nawa ya zo da duka biyun.

Alhamis da ta wuce ina tashi zan tafi, ya kira ni. Na dawo na durƙusa, na ɗauka wata babbar magana ce. Ya ce Hajiya tana kunna masa shirina kullum da safe, tun ranar da na bar su bai fasa ji ba. Sai ya ce: “Yaro, har yanzu kana haɗiye ƙarshen magana. Ka riƙa numfashi kafin suna.” Na ce to Maigida. Da safe na gwada, kuma gaskiyarsa ne.

Wanda ya taɓa kallon Soleil Rouge a gidan bidiyo, ya faɗa mana a wane gari, kuma nawa ya biya. Masu addu'a ku sa Maigida a ciki, Allah ya ba shi lafiya da sauran marasa lafiya. Sai mun haɗu gobe da safe in Allah ya kai mu.